Ruwan Jegon Balki

A layinsu na Fagge, idan firiza ta daina sanyi ko injin markaɗe ya ƙi tashi, gidan Hajjo ake fara aikawa kafin a tuna da masu gyara na kasuwa. Alhali gyara ba sana'arta ba ce. Ƙanƙara take sayarwa da zoɓo da kunun aya, tana da firiza uku jere a zaure da injin markaɗe a ƙofar gida. Mijinta, Malam Munkaila, shi ne mai gyaran firij a Sabon Gari, kuma duk zamansu in ya kawo aiki gida ita ke riƙe masa tocila tana tambayarsa wannan mene ne, wancan me yake yi. Da ya rasu ya bar mata akwatin kayan aikinsa da wata firiza da ya sayo matacciya ya tayar. Da ita ta fara. Sau ɗaya ta zauna jiran mai gyara har kayanta suka yi tsami ta zubar. Tun daga nan ta buɗe akwatin nan, ba ta sake jiran kowa ba.

Doguwa ce, mai babbar murya, ba ta saba a ce mata a'a ba. Haihuwa biyu ta yi, duk suka koma tun suna jarirai, sai ƙaninta ya ba ta riƙon 'yarsa Balki tun daga yaye. A tsakanin firizojin nan Balki ta tashi, kuma kafin ta gama firamare ta iya canza fis da ɗaure filogi ba tare da an tsaya a kanta ba.

Abu na biyu da aka san Hajjo da shi shi ne wankan jego. Ta yi wa ƙannenta, ta yi wa 'ya'yan maƙwabta, ta yi wa waɗanda ba ta ma san su ba, roƙonta dai aka yi. Ruwanta sai ya tafasa take saukewa, ta tsoma ganyen darbejiya tana fyaɗa wa mai jego, tururi na tashi har ba sa ganin fuskar juna. Ta yarda har cikin ranta cewa macen da ta samu ruwa mai zafi da kunun kanwa ta yi sallama da ciwon sanyi har tsufanta.

Balki ta auri Mas'udu, wani yaro mai sanyin hali ɗan Yakasai. Karatu ya kai shi China, ya koyi yarensu, karatun ya ƙare shi kuwa bai dawo ba. Ya samu tebur a wani ofis da suke haɗaka da wasu 'yan Mali a wani benen 'yan kasuwa da ake kira Tianxiu, yana raka 'yan kasuwar Kano zuwa kasuwar Shiling su sari jakunkuna, ya tsaya musu har a loda. A 1997 ya zo ya ɗauki matarsa. Da ciki ya tsufa aka so Balki ta dawo gida haihuwa, amma ƙafafunta sun kumbura, asibiti ta hana ta doguwar tafiya. Dangi suka zauna suna ta jajantawa, wai yarinya za ta yi haihuwar fari a ƙasar da babu ko mai dama mata kunu. Hajjo ta saurare su har suka gama, sannan ta ce a nema mata biza.

Cikin azumi ta tafi, jirgi uku ta hau. A jakarta akwai garin gero da kanwa da yaji da daddawa da busasshen ganyen darbejiya ƙulli guda. A ƙasan kayan, cikin wani tsohon zane, ta naɗe testa da filaya da sukudireba biyu. Ƙanin nata ya tambaye ta ko gyara za ta je yi China, ta ce ita ba ta kwana a gidan da babu su.

Gidan su Balki a unguwar Xiaobei yake, can sama a wani tsohon bene, ɗaki biyu da falo ɗan ƙarami. Hajjo ta tarar da wani irin sanyi da ba ta san shi ba, mai laima, wanda ke bin bango ya shiga katifa, wanki ya kwana a igiya bai bushe ba. Abin da ta fara dubawa shi ne inda za ta hura wuta, ta ga babu tsakar gida, babu murhu, sai risho na gas mai kai biyu da tukwane da ba su fi na miyar mutum uku ba. Ranta ya ɓaci, har Balki ta ja hannunta zuwa banɗaki ta nuna mata hitar ruwa. Wani farin tanki ne maƙale a bango, da 'yar jar fitila a gefe, da maɓallin murɗawa a ƙasa mai zane daga shuɗi zuwa ja.

Hajjo ta murɗa shi a hankali, kunnenta a jikin tankin, ta ji ya ce ƙas, fitilar ta kama. Ta mayar baya, ya sake cewa ƙas, fitilar ta mutu. Sai ta yi dariya. Ta gaya wa Balki ai wannan tamostat ne, irin na firiza, na'urar da ke auna sanyi ta kunna inji ta kashe, sai dai wannan zafi yake aunawa. Ta murɗa shi har ƙarshen ja, ta jira, ta tara bokiti. Ruwan ya zubo yana tururi, yatsa ba ya iya tsayawa a ciki. Ta ce to, an samu tukunya.

A goman ƙarshe na azumi Balki ta haifi namiji. Aka sa masa Munkaila, don haka Hajjo ba ta taɓa kiran sunan ba, Malam Ƙarami take ce masa. Ranar da za a sallame su likita ta daɗe tana yi wa Mas'udu bayani, fuskarta babu wasa. Da suka dawo gida ya zo ya tsuguna a bakin ƙofar falo, kansa a ƙasa, ya yi ta kewaye-kewaye. Ya ce likitocin nan suna da nasu tsarin, sun ce a riƙa kula da jiki, a ɗan sassauta wasu abubuwa, amma dai Gwaggo ta fi kowa sani. Hajjo ta ce haka ne, Allah ya yi masa albarka. Ita abin da ta ji shi ne ta fi kowa sani.

Aka fara wanka safe da yamma. Matar da ke ƙofar da ke kallon tasu, wata tsohuwa 'yar gajera da suke kira A-po, ta kawo ɓawon citta cikin leda ta nuna da hannu a jefa a ruwan. Hajjo ta shinshina ta yarda da shi, ta haɗa da darbejiyarta. Abin ya ba ta sha'awa, ashe su ma mutanen nan sun san mai jego ba ta son sanyi. Tsakaninta da A-po babu kalma ɗaya da suka haɗa in ban da nihau da sheshe, gaisuwa da godiya, amma kullum sai sun tsaya a baranda sun yi hirar hannu.

Balki kan fito daga wankan tana dafa bango. Ta ce jiri take gani, Hajjo ta ce haka kowa ke ji a farko. Ta ce zuciyarta na bugawa da ƙarfi, Hajjo ta ce jini ne ke komawa mazauninsa, ta miƙa mata kofin kunun kanwa. Kumburin ƙafar bai sauka ba, wannan kuwa a wajen Hajjo alama ce ta sanyi bai gama fita ba, don haka ta ƙara tsawon wankan.

A shekarar, Ƙaramar Sallah ta zo daidai da sabuwar shekarar 'yan China. Gari ya watse, shaguna suka rufe, an manna jajayen takardu a kowace ƙofa, ma'aikata duk sun tafi ƙauyukansu. Cikin wannan hutun ne, wata safiya bayan suna, Hajjo ta tara bokiti ta ga babu tururi. Ta sa hannu. Ruwan da ɗumi, irin wanda za a yi wa jariri wanka da shi. Ta duba maɓallin, yana kan ja inda ta bar shi. Ta murɗa shi baya, ta murɗa gaba, fitila ba ta motsa ba.

Ranar nan, da tukwanen miya ta yi dabara, tana tafasawa tana juyewa a bokiti, kafin na uku ya tafasa na farko ya huce. Mas'udu ya gaya mata a hankali cewa tukunyar gas ta kusa ƙarewa, mai kawowa kuma ya tafi hutu. Ya buga wa mai gidan da suke haya waya, aka ce ya tafi garinsu. Washegari ya ɗauki laima ya fita cikin yayyafi neman mai gyara, ya zagaya har unguwar Sanyuanli, duk inda ya ƙwanƙwasa amsa ɗaya ce, meyo, babu. Ya dawo wandonsa a jiƙe har gwiwa, ya ce sai dai a yi haƙuri har hutu ya ƙare. Hajjo ta ce mai jego ba ta san hutu ba, ya je ya canza kaya ya bar mata.

Ta kwance tsohon zanen nan ta fito da kayan aikinta, ta jawo kujera 'yar tsuguno zuwa banɗaki. Daga bango ta fara, domin Malam Munkaila ya sha gaya mata cewa yawancin firij ɗin da ake kawo masa lafiyarsu ƙalau, wuta ce ba ta isa gare su. Ta zare filogin hitar ta sa testa a soket, ya kawo haske. Ba ta yarda da testa kaɗai ba, ta ɗauko dutsen guga ta jona, ya yi zafi. Ta kwance filogin kansa ta duba, wayoyin a ɗaure suke, babu baƙin ƙuna, babu wari. Ta fita baranda neman akwatin fis na gidan ba ta gan shi ba, sai ta ƙwanƙwasa wa A-po, ta nuna mata ƙwan fitila, ta yi alamar kashewa da kunnawa. Tsohuwar ta gane, ta kai ta bayan ƙofar matattakala ta buɗe wani akwatin ƙarfe, ta nuna mata layin gidansu. Komai na nan daidai. A-po ba ta koma ɗakinta ba, ta biyo ta har banɗakin ta tsaya a ƙofa, hannu a baya, tana kallo.

Hajjo ta mayar da filogi, ta buɗe famfo ta bar ruwan ɗumin ya zube, sabon ruwa mai sanyi ya shiga tankin. Can sai ta ji ƙas, jar fitila ta kama da kanta. Ta zauna ta jira, ta ɗora tafin hannu a kan bututun da ke fitowa daga tankin. Ya fara ɗumi. Bai yi nisa ba ta sake jin ƙas, fitila ta mutu. To, ƙarfen da ke dafa ruwan yana da rai, tunda yana ɗumamawa. Tamostat ɗin ma yana da rai, tunda yana kunnawa yana kashewa. Abin da ya daina shi ne jin maganarta.

Ta koma kan maɓallin. Wannan karon ba ta saurari ƙara ba, yatsunta ta saurara. Da, in ta kai ƙarshen ja yakan tsaya cak. Yanzu ya wuce ja, ya zagayo shuɗi, ya sake zagayowa, sakayau, babu abin da yake ja a ciki. Ta zare filogi, ta naɗe bakin sukudireba da gefen zane don kada ta karce fentin mutane, ta ɓanɓaro maɓallin ya fito a hannunta. A bayansa ga sandar tamostat ɗin, 'yar siririya, gefe ɗaya a shafe. Ta kama ta da filaya ta juya kaɗan, ta ji ƙas. Lafiyarta lau, an dai bar ta ne a tsakiya.

Ta juya maɓallin ta leƙa raminsa a hasken taga. Wajen da ya kamata ya kama shafaffen gefen sandar babu shi. Ta san yadda roba take in ta tsufa ta karye, takan bar kaifi da tsaga, gutsuren kuma ya faɗo. Wannan an fere shi ne sumul, ana ganin sawun wuƙa layi-layi. A-po ta karɓa ta duba, ta dubi Hajjo, ta yi wata magana a yarensu, ta mayar mata, ta tafi ɗakinta.

Mas'udu ne ya fara zuwa ran Hajjo. Amma ta ga yadda ya riƙe sukudireba ranar da suka haɗa gadon jariri, kamar mai riƙe da cokali. Kuma wanda ya yi wannan aikin ba zai je ya yi ta yawo a ruwa yana neman mai gyara ba. Mutum uku ne manya a gidan.

Ta wanke hannu ta shiga ɗaki. Balki na zaune a gado, an tara mata filo a baya, tana ba yaro nono. Hajjo ta ajiye maɓallin a kan bargo kusa da gwiwarta, ta zauna a bakin gadon. Balki ta dube shi, sannan ta ce, "Ni ce, Gwaggo."

"Na sani. Kin kashe wuta kafin ki taɓa?"

"Na zare filogi."

"Da me kika fere shi?"

"Da wuƙar yanka albasa. Kina salla."

Hajjo ta gyaɗa kai. Ta ce wato Balki ta bar ta ta yi ta dakon tukwane, ta bar mijinta ya shiga ruwa, tana kwance tana jin su. Balki ta fara hawaye, amma muryarta ba ta yi rawa ba. Ta ce wankan ƙarshe da aka yi mata duhu ta gani, ta ji kamar an ɗora mata dutse a ƙirji, kuma tun daga ranar ba ta iya kwanciya miƙe sai an tara mata filo, in ba haka ba numfashi ya ƙi. Ta ce ta ji tsoron wata rana za ta faɗi da yaron a hannu.

"Me ya hana ki buɗe baki ki faɗa min?"

"Na faɗa, Gwaggo. Kika ce haka kowa ke ji."

Hajjo ta yaye bargon ta kama ƙafar Balki ta danna babban yatsanta a ƙwauri. Da ta ɗaga, ramin ya zauna bai ciko ba. Ta sha ganin irin wannan kumburin a Kano, kuma kullum maganin da ta sani shi ne a ƙara wuta. Amma ga shi ta ƙara, ta ƙara, kumburin ya fi na ranar da ta sauka a garin. A wajen gyara, in ta yi wa inji abu sau biyu ya ƙara lalacewa, ba ta yi masa na uku.

Ta ɗaga murya ta kira Mas'udu. Ya zo ya tsuguna a bakin ƙofa kamar yadda ya saba.

"Shigo ciki," in ji ta. "Abin da likitar nan ta faɗa maka nake so in ji. Yadda ta faɗa, ba yadda ake faɗa wa suruka ba."

Ya share gumi duk da sanyin da ake yi. Ya ce likita ta ce jinin Balki ya hau sosai, zuciyarta ta gaji, kada a yi mata wanka da ruwa mai tsananin zafi, kada ta ci gishiri da yawa, kuma in numfashi ya fara yi mata wuya a dawo da ita nan take. Hajjo ta tambaye shi don me bai faɗa haka ba tun ranar. Ya ce ya ji nauyi. Ta ce nauyin nan ya kusa yi musu ɓarna, ya tashi ya nemo mota.

Asibiti ba ta hutu. Likitar mace ce, da furfura a goshi, za su yi sa'a da Hajjo. Ta ɗaura wa Balki abin awon jini a dantse tana matsawa. Hajjo ta matso ta tsaya a kanta, ta ce wa Mas'udu ya tambaya a nuna mata inda ya kamata awon ya tsaya da inda ya tsaya yanzu. Likitar ta nuna mata da bakin biro. Tazarar ba kaɗan ba ce. Wannan yare ne da Hajjo ta sani, domin ta sha ganin geji a hannun mijinta yana auna gas ɗin firij, kuma ta san abin da ke faruwa da bututu in awo ya wuce wurinsa.

Ta yi tambayoyinta ɗaya bayan ɗaya, ta hana Mas'udu rage ko kalma. Wankan ne gaba ɗaya ba a so, ko zafin? Likita ta ce zafin ne da daɗewa a cikin tururi, ruwan ɗumi ba laifi. Ganye fa, da citta? Babu damuwa. Sai Hajjo ta kwance bakin mayafinta ta fito da gutsuren kanwa ta ajiye a tebur. Likitar ta juya shi, ta ɗan taɓa a harshe, ta yamutsa fuska, ta tambayi nawa ake sha. Da Mas'udu ya gaya mata kofi nawa a yini, ta ajiye biro ta girgiza kai, ta ce wannan ɗan'uwan gishiri ne, shi ke riƙe ruwa a jiki. Aka kwantar da Balki kwana biyu, aka ba ta magunguna. Hajjo ce ta zauna da ita, Malam Ƙarami a bayanta, ma'aikatan jinya na zagayowa suna kallon yadda aka goya shi da zane ba ya faɗowa.

Da suka dawo gida ta ɗauki maɓallin ta zauna da shi a falo. Ta yanko 'yar siririyar faranti daga murfin gwangwanin madara, ta lanƙwasa da filaya, ta cusa a ramin daidai inda aka fere, ta gwada, ta ciro ta rage, ta sake gwadawa har ya kama sandar tsam. Ta mayar da filogi ta murɗa, ya ce ƙas, ya kai ƙarshen ja ya tsaya cak. Sannan ta kira Balki ta ce ta zo ta murɗa da hannunta zuwa inda jikinta zai ɗauka. Balki ta kai shi ɗan gaba da tsakiya. Hajjo ta jira ruwan ya yi, ta sa gwiwar hannu ta ji, a ganinta wannan ko alwalar hunturu bai isa ba, amma ta sa aka kawo jan farce ta ɗiga a wurin.

Wanka bai tsaya ba. Ta ci gaba da shi har arba'in, da darbejiya da ɓawon citta, sai dai gajere, ƙofa a ɗan buɗe, kuma abin da ta rage na zafi ta mayar da shi tausa. Kunu ya koma na gero zalla da tsamiya. Fushi kuwa ta yi shi, ta kwana biyu ba ta yi wa Balki magana sai ta dole. Da ta huce ta gaya mata cewa ba rage zafin ne ya ƙona mata rai ba, ɓarnar kayan mutane ne, kuma in mai gidan ya dawo ita Balki za ta yi masa bayani da bakinta. Mai gidan ya dawo, Mas'udu ya fassara, mutumin ya murɗa maɓallin ya ji yana aiki, ya ce shi bai ga abin da ya lalace ba.

Kafin arba'in ƙafafun Balki sun saɓe, ta koma kwanciya da filo ɗaya. Hajjo ta sa aka ƙara mata biza, ta ce sai ta ga yaron ya yi ƙwari. A-po ce ta fara kawo mata tukunyar dafa shinkafa ta lantarki da ta daina kashe kanta, ta gyara. Labari ya kai Tianxiu, wata 'yar Mali mai dafa wa 'yan kasuwa abinci ta aiko a zo a duba mata firiza. Wannan firizar tamostat ɗinta ya mutu da gaske, kuma neman sabo ne ya kai Hajjo wata kasuwar kayan lantarki, layi guda babu komai sai kayan firij, tuli-tuli a kwali. Ta tsaya tana kallo, ta tuna yadda masu gyara a Sabon Gari ke cire tsoho daga matacciyar firiza su sa a wata don babu sabo. Ta koyi kiran mai shago lawban, ta koyi cewa ya yi tsada, sauran kuma da hannu take yi. Da za ta koma gida farkon damina, rabin jakarta tamostat ne da rile, na'urar tayar da injin firij.

A Fagge ta ci gaba da wankan jego, amma da sharaɗi. Sai an kai mai jego asibiti an auna jininta tukuna, kuma ita mai jegon ce ke cewa ruwa ya isa. Wasu iyaye suka karɓa. Wasu suka ɗauke 'ya'yansu suka kai wa wata tsohuwa a bayan layi, suna cewa China ta lalata Hajjo. Ba ta bi kowa da roƙo ba. In maganar ta taso a gidan biki takan ce ita ta danna ƙafa da yatsanta, ta ga awo da idonta, wanda bai gani ba ba ta ga laifinsa ba.

Kayan da ta kawo ba su yi wata guda ba suka ƙare, tsofaffin abokan aikin mijinta suka riƙa zuwa har zaure suna tambayar yaushe za ta koma. Ta koma a ƙarshen 1999, wannan karon da kuɗin jirginta. Mata biyu 'yan layinsu suka biyo ta, ɗaya mai sayar da kayan yara, ɗaya mai jakunkuna, dukansu ba su taɓa wuce Jidda ba. Mas'udu ya makara a hanyar Shiling bai iso filin jirgi da wuri ba. Matan suka ce a zauna a jira shi. Hajjo ta ce ta san hanya, ta tsayar da tasi, ta sa direban ya loda jakunkuna, ta shiga gaba ta ce masa Xiaobei.